Haɗarin keke napep a gona da filin kuza: a rubuta shi daidai a fayil

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Muna roƙon ka ba mu fili a jaridarka mu yi magana da likitoci, ma'aikatan jinya da abokan aikinmu na ɗakin kati, a kan yadda ake rubuta raunukan haɗarin keke napep, musamman wanda ya faru ba a kan titi ba.

Keke a Filato ya daɗe da wuce kwalta. Yana shiga gonakin dankalin Turawa a Bokkos da Mangu, yana kwaso kabeji da karas daga lambu, yana kai ma'aikata da kayan aiki filayen haƙar kuza a wajejen Bukuru da Barkin Ladi. Abin hawa ne mai taya ɗaya a gaba, biyu a baya, don haka idan an jibga masa buhuna har sama, tayar baya ɗaya ta faɗa kwazazzabo, kifewa zai yi. A kawo mutum asibiti da karaya, likita ya rubuta haruffa uku a fayil, RTA, wato haɗarin hanya, ya wuce ga mara lafiya na gaba. Mun san sashen gaggawa ba wurin dogon rubutu ba ne. Amma daga waɗannan haruffa uku mai sanya lamba, wato ma'aikacin ɗakin kati da ke mayar da rubutun likita zuwa lambobin ƙididdiga, ba zai iya fitar da komai na kirki ba, kuma ƙa'idar aikinsa ta hana shi ƙirƙiro abin da likita bai rubuta ba.

A ICD-10, kundin lambobin cututtuka da raunuka na Hukumar Lafiya ta Duniya, kowane rauni yana buƙatar lamba iri biyu. Ta farko tana faɗin abin da ya sami jiki, daga rukunin S00 zuwa T98. Karayar tsakiyar ƙashin ƙwauri S82.2 ce, ta tsakiyar ƙashin cinya S72.3, karayar haƙarƙari fiye da ɗaya S22.4. Ana iya ƙara 0 a ƙarshe idan fata ba ta fashe ba, ko 1 idan karayar a buɗe take, kuma idan likita bai fayyace ba, rufaffiya ake ɗaukarta. Nan ma ana asara, domin buɗaɗɗiyar karaya da ƙasar gona ta shiga cikinta ba jinyarsu ɗaya da rufaffiya ba. Lamba ta biyu tana faɗin yadda abin ya faru, daga rukunin V01 zuwa Y98. Ga wanda aka kwantar, raunin ne babbar lamba, sanadin yana biye. Ga wanda ya rasu kuwa, sanadin haɗarin ne ake ƙirgawa a matsayin asalin dalilin mutuwa.

Wanda yake cikin keke lambarsa tana tsakanin V30 da V39, kuma alƙalami na biyu ne ke nuna abin da keken ya yi karo da shi. V30 mutum ne a ƙasa ko dabba, V32 babur ko wani keken napep, V33 ƙaramar mota, V34 tifa, tirela ko bas, V37 abin da ke tsaye a wuri ɗaya kamar dutse, bishiya ko katanga. V38 kuma ita ce ta kifewa ko faɗowa ba tare da karo ba, wadda ta fi dacewa da yawancin abin da ke faruwa a gona. Akwai wani bambanci da ya shafe mu sosai a nan: idan saniya ce ta gitta keke ya buge ta, V30 ce. Idan kuwa amalanken shanu ne, ko jakin da wani ya hau, lambar ta koma V36.

Bayan ɗigo sai alƙalamin da ke haɗa abu biyu, matsayin mutum a cikin keken da kuma wurin da abin ya faru. Idan ba a kan hanyar jama'a ba ne, direba .0, fasinja .1, wanda ya maƙale a waje .2. Idan a kan hanya ne, direba .5, fasinja .6, na waje .7. Wanda ya ji ciwo yana hawa ko yana sauka .4 ne. Ke nan fasinjan da keke ya kife da shi a tsakiyar gona V38.1 ne, direban da ya daki dutse a filin kuza V37.0, fasinjan da tifa ta buge su a titin Bukuru V34.6. A lura, wanda ya zauna a bayan keken ɗaukar kaya, a wurin da aka tanada don kaya, fasinja ne a lissafin kundin. Na waje shi ne yaron da ya rataya a gefe ko ya hau rufi.

Inda aka fi tuntuɓe shi ne ma'anar hanyar jama'a. Kundin bai ce sai da kwalta ba. Duk hanyar da jama'a ke bi bisa haƙƙi ko bisa al'ada domin kai mutane da kaya, hanya ce, ko da ta burji ce mai ramuka da ta ratsa ƙauye. Haɗarin da ake kira na wajen hanya shi ne wanda ya fara kuma ya ƙare a wani wuri daban, kamar cikin gona, harabar gida ko filin haƙa. Idan keke ya kufce daga hanya ya faɗa gona, na hanya ne, tunda a can ya faro. Sannan idan fayil bai ambaci wuri ba, ƙa'ida ta ce a ɗauka a kan hanya ne. Ta haka haɗarin gona ke ɓacewa a cikin alƙaluman haɗarin titi, ba tare da kowa ya yi ƙarya ba.

Kuskure na biyu shi ne tura keke napep zuwa V86 don kawai haɗarin ya faru a daji. V86 ta ababan hawan da tun daga masana'anta aka ƙera su don daji ce, masu faffaɗan taya mai laushi. Keke napep na titi ne, duk inda mai shi ya kai shi. Wanda ya rikita su zai ƙara faɗawa wani ramin, domin a V86 alƙaluman bayan ɗigo a juye suke: .0 direba ne a kan hanya, .5 direba ne a wajen hanya. Muna kuma jan kunnen masu kwafo lamba daga intanet. Da yawan abin da ke fitowa a can kundin Amurka ne, mai lambobi masu tsawon gurbi bakwai irin su V86.55XA, kuma ba zai zauna daidai a rajistar da aka gina kan kundin Hukumar Lafiya ta Duniya ba.

Kada a manta, abin hawan wanda ya ji ciwo ne ke jan lambar. Manomin da keke ya buge yana tsaye a gonarsa V02.0 ne, ɗan acaɓar da ya yi karo da keke yana ƙarƙashin V22. Wanda ya gudu wurin mai ɗori, ya dawo bayan shekara da ƙafar da ta ɗoru a karkace, ba za a sake ba shi lambar sabon haɗari ba. Nasa rukunin T93 ne tare da Y85.0, in ba haka ba a ƙirga haɗari ɗaya sau biyu.

Idan bayani ya yi ƙaranci, komai sai a zuba shi a V89.2, haɗarin abin hawan da ba a fayyace ba. Wannan lamba ba ta gaya wa ma'aikatar lafiya ko hukumar kiyaye haɗurra ko lodi ne ke kifar da keke, ko tifa ce ke murƙushe shi, balle a san inda za a kai wayar da kai, tashar keke ko ƙungiyar manoma.

Roƙonmu ga shugabannin asibitocin Jos shi ne a ƙara tambayoyi huɗu a katin sashen gaggawa: me mutumin ya hau, a ina yake zaune, da me aka yi karo, a wane wuri. Ma'aikaciyar jinya za ta iya cike su daga bakin waɗanda suka kawo shi, tun kafin su watse. Jimla ɗaya ma ta isa: fasinja a bayan keken kaya, ya kife a cikin gona, babu karo. A kuma bar wa mai sanya lamba damar mayar da fayil ga likita kafin a sallami mara lafiya. ICD-11, wadda ta gaji ICD-10, ta fara aiki a duniya tun 1 ga Janairu 2022, kuma ranar da asibitocinmu suka koma kanta, waɗannan tambayoyi huɗun ne dai za ta nema.

Wassalam.

Daga wasu ma'aikatan adana bayanan marasa lafiya, Jos.