Wasiƙa ga ɗana a kan karatun Gazali da Ibn Rushd

Ɗana,

Assalamu alaikum. Mutanen gida duk lafiya, mahaifiyarka tana gaishe ka. Saƙonka ya iso. Ka ce an ba ka aikin rubutu a kan saɓanin Imam Gazali da Ibn Rushd, kuma har ka yanke cewa Gazali ne ya kashe ilimin hankali a ƙasashen Musulmi. Dakata da wannan hukunci tukuna. Ba ka isa raba gardamar mutum biyu ba sai ka iya kawo hujjar kowannensu yadda shi da kansa zai yarda cewa tasa ce.

Fara da raba Ibn Rushd biyu, don a nan ɗalibai da yawa ke tuntuɓe. Akwai kakan, alƙalin Kurɗuba, wanda ya rasu a 1126. Shi ne wanda Shaihu Halilu ke nufi a Mukhtasar. Jikan kuwa, mai Bidayatul Mujtahid, an haife shi a shekarar da kakan ya rasu, ya cika a Marrakish a 1198. Shi ne naka. Gazali ya rasu tun 1111, saboda haka ba su taɓa haɗuwa ba. Raddin Ibn Rushd, wato Tahafutut Tahafut, ya zo ne shekara tamanin da 'yan kai bayan Gazali ya rubuta Tahafutul Falasifa, littafinsa na sukar masu falsafa, wanda ake yi wa raddin kuma yana kabari.

Kada ka buɗe Tahafutul Falasifa da farko. Zauna da manɗiƙi, wato ilimin ƙa'idojin kafa hujja, har ka san ƙiyasi da sharuɗɗansa, ka iya bambanta burhani (hujjar yaƙini) da jadali (hujjar gardama). Sullam na Ahalari ya ishe ka, wanda ya rubuta shi kuwa shi ne mai littafin tsarki da salla da ka haddace kana yaro. Daga nan ka ɗauki Maƙasidul Falasifa, inda Gazali ya shimfiɗa ra'ayin masu falsafa ba tare da suka ba, akasari daga Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037. Abu uku ka riƙe daga ciki: bambancin wajibul wujud (wanda samuwarsa dole ce) da mumkinul wujud (wanda zai iya samuwa ko ya rasa samuwa), ma'anar illa (sababin samuwar abu), da yadda suke cewa halittu sun kwararo daga Allah daki-daki. Wanda ya tsallake wannan littafi ba zai gane abin da ake rusawa ba. Wanda ya tsaya a kansa kaɗai kuma zai yi kuskuren malaman Turai, waɗanda fassarar Latin da aka yi a Toledo a ƙarni na 12 ta yaɗu a hannunsu babu gabatarwa, suka daɗe suna ɗaukar Gazali almajirin Ibn Sina ne.

Shi Tahafut an kammala shi a 1095, lokacin Gazali yana koyarwa a Nizamiyya ta Bagadaza. Mas'aloli 20 ne, 16 a kan ilahiyyat (abin da ya shafi Ubangiji), 4 a kan ɗabi'iyyat (abin da ya shafi ɗabi'ar halittu). A uku kawai ya kafirta masu falsafa: cewa duniya ba ta da farko, cewa sanin Allah bai shafi ɗaiɗaikun abubuwa a matsayinsu na ɗaiɗaiku ba, da musun tashin jiki ranar alƙiyama. Sauran 17 ya ajiye su a babin bidi'a. A mafi yawansu abin da yake nunawa shi ne hujjar da suke kira burhani ba ta kai burhani ba. Da manɗiƙinsu ya yaƙe su. A gabatarwar littafin ma ya gargaɗi masu musun lissafin husufi da sunan kare addini, ya ce cutar da shi suke yi.

Ba ka da lokacin bin duka ashirin ɗin. Ɗauki ta 17, mas'alar wuta da auduga, ka tsaya a kanta. Gazali ya ce idan auduga ta haɗu da wuta ta ƙone, abin da ido ya gani shi ne ƙonewa ta faru a lokacin haɗuwar. Ido bai ga cewa wutar ce ta aikata ba. Allah ne ke halittar ƙonewar, ya gudanar da al'ada a kan haka, kuma yana da ikon keta ta. Abin da yake karewa shi ne mu'ujiza. Ka san wannan magana tun a zaure, ita ce hukuncin al'ada da ake karantarwa a tauhidin Sanusi. Ibn Rushd ya amsa cewa kowane abu da aikinsa ake sanin sa; in ka cire ƙonarwa daga wuta, me ya rage da za ka kira wuta? Wanda ya musa sababi, a ganinsa, ya musa hankali, kuma ya rushe hanyar kafa hujja da hikimar halitta a kan Mahalicci. A nawa ganin amsar tana da ƙarfi a kan matsayin Gazali na farko. Amma ka karanta mas'alar har ƙarshe, don Gazali ya kawo matsayi na biyu inda ya sallama cewa wuta na da ɗabi'ar ƙonarwa, sai dai Allah na iya canza siffarta ko siffar abin da aka jefa cikinta. Mai gaggawa ba ya kaiwa wurin.

Ga yadda za ka yi aikin. Tahafutut Tahafut yana kawo maganar Gazali gaɓa-gaɓa sannan ya amsa. Raba shafin littafinka gida uku: da'awar Ibn Sina, sukar Gazali, amsar Ibn Rushd, kowacce da lambar shafi. Za ka lura sau da yawa Ibn Rushd ba ya kare Ibn Sina, cewa yake yi wannan ba maganar Arisɗo, babban masanin falsafar Girka, ba ce, ƙari ne. Wani ɓangare na rikicin ya samo asali daga wani littafi da aka fassara a Bagadaza a ƙarni na 9 aka jingina wa Arisɗo, alhali daga rubutun wani masanin falsafa na daban, Plotinus, aka ciro shi.

Maganar kashe ilimi kuwa, gwada ta da shekaru. An kafa wurin duban taurari na Maraga a 1259 ƙarƙashin Nasiruddin Ɗusi. Ibn Nafis, wanda ya bayyana bin jini ta huhu, ya rasu a 1288. Ibn Shaɗir, mai lissafin lokutan salla a babban masallacin Dimashƙa, ya rasu a 1375. Duk bayan Gazali ne. Har Shaihu Magili, baƙon Sarkin Kano Muhammadu Rumfa, ya kare manɗiƙi cikin baitoci da ya yi musaya da Suyuɗi. Abin da ya tabbata shi ne sharhin Ibn Rushd a kan Arisɗo ya fi samun kasuwa a Turai. Tomas Akwinas, malamin Kirista, ya yi amfani da shi, ya kuma yi wa mabiyan Ibn Rushd raddi a 1270, sannan a 1277 babban limamin cocin Paris ya haramta koyar da maganganu 219. Su ma can ba a bar falsafa ta wataya ba.

Idan ka rubuta shafi biyar na farko a kan mas'ala ta 17, turo mini kafin ka miƙa. Ka riƙa kawo nassin Larabci sannan fassararka a ƙasansa. Allah ya yi maka albarka, ya buɗa ƙwaƙwalwa.

Mahaifinka