Wasiƙa Zuwa ga 'Yata: Ɗa Ba Shi da Uwa Biyu

Assalamu alaikum, Uwata.

Bayan gaisuwa, da fatan kina lafiya kuma karatu na tafiya daidai. Takardar gwajinki ta lissafi da kika manta a gida ranar komawa makaranta ta faɗo hannuna, na zauna da ita bayan sallar isha'i. Makin bai dame ni ba. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne tambaya ta huɗu, inda aka ce ki faɗi ko y = x² fankishin ne. Kin ce a'a, wai don 3 da −3 duk 9 suke bayarwa. Lissafinki daidai ne, amma tambayar kika ɗauka a baibai.

Tuna gidan kakanki: mata uku, 'ya'ya goma sha ɗaya. Jera 'ya'yan a hagu, iyayen a dama, sai ki ja kibiya daga kowane ɗa zuwa matar da ta haife shi. Kibiya ɗaya tak za ta fita daga kan kowa, babu wanda zai rasa, babu mai biyu. Ni da Gwaggonki da Baffanki da sauran 'yan ɗakinmu duk wurin Hajiya kibiyoyinmu za su sauka, kuma hakan bai ɓata komai ba. To, wannan shi ne fankishin. Yanzu juya takardar, ki fara daga iyaye zuwa 'ya'ya. Daga kan Hajiya kaɗai kibiya biyar za su fita. Alaƙa ce ta gaskiya, ta jini ma kuwa, sai dai ba ta cika sharaɗin ba, domin idan aka ce "ɗan Hajiya" dole ki tambaya, wanne daga ciki?

A y = x², su 3 da −3 'yan uwa ne 'yan ɗaki ɗaya, 9 ce uwarsu. Abin dubawa shi ne ko akwai x guda da zai ba ki y biyu. Zuba duk lambar da kika ga dama, amsa ɗaya za ta fito. Amma ɗauki x² + y² = 25, wato da'ira. Sa 3 a gurbin x, sai y² ya zama 16, kin ga y na iya zama 4, yana iya zama −4. Ɗa ya tashi da uwa biyu ke nan, magana ta ƙare.

Na san malaminku ya koya muku dabarar rula: a tsayar da ita a miƙe a kan zanen giraf, a ja ta daga hagu zuwa dama, idan ta taɓa zanen a wuri biyu lokaci guda to ba fankishin ba ne. Dabarar tana aiki. Sai dai a shekarun da na yi ina koyarwa na ga ɗalibai da yawa sun haddace ta ba su san dalilinta ba, ranar jarrabawar WAEC ruɗani ya kama su, suka kwantar da rular maimakon su tsayar da ita. Wannan yana ƙona mini rai har yau, don yara ne masu ƙwaƙwalwa. Rular da ke tsaye a kan x guda take, tana tambayar y nawa gare shi. Duk wanda ya riƙe wannan ba zai kwantar da ita ba.

Saura ɗaya da ake yawan mantawa: babu ɗan da za a bari ba uwa. A y = 1/x, sifili ba shi da amsa, don ba a raba abu gida sifili. Saboda haka sai an cire shi daga jerin lambobin da za a zuba tukuna. Ki riƙa karanta wannan jerin a tambaya kafin ki ɗora biro.

Kada kuskuren nan ya kashe miki gwiwa. Leibniz, Bajamushe, ya fara amfani da kalmar fankishin a lissafi tun 1673, Euler ya kawo rubutun f(x), wato alamar fankishin, a 1734, amma ma'anar da ake koya muku yau, ta cewa kowane x yana da y guda, sai a 1837 Dirichlet ya shimfiɗa ta. Manyan masana sun haura shekara 160 suna juya abin da ake so ki gane a zango ɗaya.

Ga aiki kafin hutu. Ki duba x = y², sannan y = 7, sannan wannan jerin: (1, 4), (2, 4), (1, 6). Kowanne ki rubuta mini hukuncinki da dalili a jimla ɗaya da Hausa, ba da rula ba. Na biyun ki natsu a kansa, ya fi kama da tarko.

Mamanki na gaishe ki, ta ce ƙuli-ƙuli da garin na nan tafe ranar ziyara. Allah Ya yi miki albarka, Ya buɗa ƙwaƙwalwa.

Wassalam,
Babanki.