Rataya bindiga a bainar jama'a a Amurka: kowace jiha da tata dokar

Edita,

Assalamu alaikum. Ina neman ɗan fili a wannan jarida tamu in yi gyara kan wata magana da ta zama ruwan dare a bakin jama'a, wai a Amurka kowa na iya saɓa bindigarsa ya shiga kasuwa ba mai ce masa uffan. Da zarar hoton wani ƙato rungume da doguwar bindiga ƙirar AR-15 a ƙofar majalisar wata jiha ya yaɗu a Facebook, sai ka ji an sake tayar da ita. Akwai ƙamshin gaskiya a ciki, amma duk wanda ya haɗiye ta yadda take yana iya kwana a bayan kanta, musamman 'yan'uwa da ke can suna karatu ko neman na kansu.

Amurka ba ta da doka guda ɗaya kan yawo da bindiga a fili. Gyaran fuska na biyu na kundin tsarin mulki, wanda aka amince da shi a 1791, shi ne ya ba da 'yancin mallakar makami da ɗaukarsa. A shari'ar Heller ta 2008 Kotun Ƙoli ta ce wannan 'yanci na kowane mutum ne a ƙashin kansa, a shari'ar McDonald ta 2010 ta ce ya hau kan jihohi da birane, sannan a shari'ar Bruen ta 2022 ta ce bai tsaya a cikin gida ba, ya bi mutum har kan titi. Abin da kotun ba ta yanke ba shi ne dole sai jiha ta bari a riƙa ganin bindigar. Jihohi hamsin suka ci gaba da yanke wannan da kansu, kowane tsuntsu da kukan gidansu.

Mafi yawansu sun bar baligi wanda doka ba ta haramta wa makami ba ya ɗaura ƙaramar bindiga a ƙugu, ana gani, ba tare da lasisi ba. Vermont ba ta taɓa neman lasisi ba, Arizona da Alaska ma hanya a buɗe take. Wasu, irin su Minnesota da Massachusetts, sai da lasisi. Kaɗan kuma sun hana, irin su New York da Illinois da babban birnin tarayya, Washintan, sai Connecticut da ta shiga sahunsu a Oktoban 2023. Fulorida ta yi shekara da shekaru a cikin masu hanawa, tun 1987, har zuwa Satumbar 2025 da wata kotun ɗaukaka ƙara ta jihar ta ce hanin ya saɓa wa kundin tsarin mulki.

Labarin Kalifoniya ya isa a tsaya a kansa. Har zuwa 1967 halas ne a can mutum ya yi yawo da bindiga cike da harsashi muddin bai ɓoye ta ba. 'Yan ƙungiyar baƙar fata ta Black Panther suka karanci dokar da kyau, suka riƙa bin motocin 'yan sanda a Oakland da bindigoginsu a hannu, a watan Mayun shekarar kuma suka shiga ginin majalisar jiha a Sacramento ɗauke da su. Kafin shekarar ta ƙare an kafa dokar Mulford da ta hana yawo da bindiga cike a bainar jama'a, wanda ya sa mata hannu kuwa shi ne gwamna Ronald Reagan. Duk da haka sai aka bar ƙofa ɗaya: bindigar da babu harsashi a cikinta. Masu fafutuka suka riƙa taruwa a shagunan shan kofi, bindiga wayam a ɗaya ƙugun, gidan harsashi a ɗayan, har jihar ta rufe wannan ƙofar ga ƙananan bindigogi a 2012, ga dogaye a 2013. Har yanzu ana ja-in-ja kan hanin a kotunan tarayya.

Sanin rukunin da jiha take bai wadatar ba. Inda mutane ke faɗawa rami shi ne ƙananan sharuɗɗa.

A ɗauki Teksas, wadda kowa ke ɗauka ita ce uwar sakin linzami. Doguwar bindiga an daɗe ana ɗaukarta a fili a can, amma ƙarama sai daga 1 ga Janairun 2016 aka halasta nuna ta, shi ma ga mai lasisi kaɗai. Daga Satumbar 2021 aka yafe lasisin ga wanda ya kai shekara 21. Sharaɗin da ya rage shi ne bindigar ta kasance cikin kube. Wanda ya soke ta a bakin wando, ko ya riƙe ta a hannu yana tafe, ya karya doka. Mai shago kuma yana da ikon hanawa, ta hanyar allon da ake kira 30.07, lambar sashen dokar ke nan. Ba kowane rubutu ne ke cin sunan allon ba: dole kalmomin su zama waɗanda doka ta tsara, da Turanci da Sifaniyanci, haruffa ba su gaza inci ɗaya a tsayi ba, launin rubutu ya bambanta da na allo, a kafa shi inda mai shigowa zai gani. Allon 30.06 na masu ɓoye bindiga ne, 30.05 kuma na marasa lasisi. Wanda ya tsallake allo tarar da ba ta wuce dala 200 ba ce a kansa, amma idan aka faɗa masa da baki ya fita ya ƙi, laifin ya girma zuwa wanda ke iya kai shi gidan yari na shekara guda. Wurin da kashi 51 cikin ɗari ko fiye na kuɗin shigarsa daga barasar da ake sha a nan yake fitowa, wannan ba a shiga da bindiga ko da lasisi.

Sai maganar riga, wadda ta fi kowace yaudara. A jihar da ta yarda a nuna bindiga ba lasisi amma take neman lasisin ɓoyewa, irin su Mishigan da Pensilbeniya da Bajiniya, bambancin halas da laifi ƙyalle ne kawai. Mutum ya fito da safe bindiga a ƙugu, kowa na gani, babu laifi. Sanyi ya taso ya zura kwat, gefenta ya rufe kuben, ya zama mai ɓoye makami ba izini. A Mishigan wannan babban laifi ne da hukuncinsa ke kaiwa shekara 5. Mota ma haka take. A Mishigan da Pensilbeniya, shiga mota da ƙaramar bindiga cike yana buƙatar lasisi ko da tana nan a fili a ƙugunka. Marar lasisi a Mishigan sai ya fitar da harsasai, ya sa bindigar cikin akwatinta, ya kulle a but, ya tuƙa zuwa inda za shi, sannan ya fito ya sake ɗaurawa. Wannan ɗaurawa da kwancewa a wurin ajiye motoci lokaci ne da ake iya samun fitar harsashi ba da niyya ba, domin hannu na kusa da kunama, mutum kuma yana sauri kada a gan shi.

Birane ma suna da nasu. Kolorado ta halasta, Denver ta hana. Oregon ta halasta, Portland ta hana marar lasisi yawo da bindiga cike. Bajiniya tun 2020 ta ba ƙananan hukumomi ikon hana makami a gine-ginensu da wuraren shaƙatawa da tarurrukan da aka ba izini. Jihar Washintan a 2021 ta hana nuna bindiga a wurin zanga-zangar da ke da izini da kuma tazarar ƙafa 250 daga wurin. Hukumar da ke kula da ginin majalisar Mishigan ta hana shiga da bindiga a fili a Janairun 2021, bayan masu makamai sun cika barandar majalisar a Afrilun 2020 suna adawa da dokar kullen korona. Wato hoton masu bindiga a cikin wannan ginin, yau ba zai yiwu a sake ɗaukar irinsa ba.

A saman duk wannan akwai dokokin tarayya, waɗanda babu jihar da ta isa ta yafe su. Gidan waya da kotunan tarayya da ofisoshin gwamnatin tarayya ba a shiga da makami. Gandayen daji na ƙasa tun 2010 suna bin dokar jihar da suke ciki, amma gine-ginen ma'aikata da ke cikinsu ba sa bi. Wadda ta fi kama mutane a rashin sani ita ce dokar kewayen makarantu ta 1990, da aka sake kafawa a 1996 bayan Kotun Ƙoli ta soke ta farko. Ta hana riƙe bindiga a cikin tazarar ƙafa 1,000, kimanin mita 300, daga harabar makarantar firamare ko sakandare, sai dai a kan fili mai zaman kansa, ko bindigar ta zama wayam a kulle, ko mutum yana da lasisin jihar da makarantar take. A lura da wannan na ƙarshe. Jihohi 29 sun soke wajabcin lasisi ya zuwa 2024, sai wasu mutane suka daina karɓa, alhali lasisin ne kariyarsu daga wannan doka. A cikin gari da wuya ka yi tafiyar minti goma ba ka ratsa kewayen wata makaranta ba, hukuncin kuma yana kaiwa shekara 5.

Ga mai ratsa jihohi, dokar tarayya ta 1986 ta ba da kariya idan bindigar halas ce a inda ya taso da inda za shi, babu harsashi a cikinta, kuma tana kulle a but ko a akwatin da ba aljihun gaban mota ba. Kariyar ta mai wucewa ce. Wanda ya sauka ya kwana a otal a New Jersey ko New York yana iya rasa ta.

Abin da ya fi shafar masu karatun wannan jarida shi ne biza. Dokar tarayya ta haramta wa wanda ya shiga ƙasar da bizar karatu ko ta ziyara ko ta aikin wucin gadi riƙe bindiga ko harsashi, in ban da 'yan togaciya kaɗan, mafi shahara a ciki shi ne mallakar lasisin farauta mai aiki daga wata jiha. Marar takardu kuwa haramun ne a gare shi kwata-kwata. “Riƙewa” a nan ta haɗa da aron bindigar aboki da hayarta a filin koyon harbi. Shari'ar Rehaif da ta kai Kotun Ƙoli a 2019 daga nan ta samo asali: ɗalibi ne daga Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa da jami'a ta sallama, matsayin zamansa ya faɗi, ya je filin harbi. Tun 2022 hukuncin irin wannan laifi yana kaiwa shekara 15, ga kora daga ƙasa a bayansa. Mai katin zama na dindindin bai shiga wannan hani ba. Mai shan tabar wiwi ya shiga a rubutun dokar, ko da jiharsa ta halasta ta.

Ra'ayina, Edita, shi ne nuna bindiga a fili ya fi ɓoye ta haɗari ga mai ita da waɗanda ke kusa da shi. Bindigar da ake gani ana iya fizge ta, shi ya sa masu koyarwa ke cewa a yi amfani da kube mai ƙarfi da ya rufe kunama gaba ɗaya, mai madanni ko maɗauri da sai an saki da babban yatsa kafin ta zaru, a kan bel mai kauri. Kuben da matsi kawai ke riƙe bindiga a cikinsa, wanda ke bayanka a layi na iya zare ta cikin ƙiftawar ido.

'Yan sanda ma dokar ta sa su a tsaka mai wuya. Kotunan ɗaukaka ƙara na tarayya, a shari'ar Black ta 2013 da ta Northrup ta 2015, sun ce ganin bindiga kaɗai, a jihar da ta halasta, bai isa dalilin tsare mutum ba. A Colorado Springs, a ƙarshen Oktoban 2015, wata mata ta kira lambar gaggawa ta ce ga wani da doguwar bindiga a titi, aka tuna mata cewa doka ta yarda, jim kaɗan ya kashe mutum uku. A Dallas, a Yulin 2016, lokacin da aka harbe 'yan sanda biyar, akwai masu zanga-zanga rataye da dogayen bindigogi bisa doka, suka watse da gudu tare da kowa, jami'ai suka rasa gane maharbi. Sannan 'yancin ba daidai yake aiki ga kowa ba. A 2014 'yan sanda suka harbe John Crawford, baƙar fata, a wani shagon Walmart a Ohio, jihar da ta halasta nuna makami, yana riƙe da bindigar iska da ya ɗauko daga kantar shagon. Walmart ɗin da kantunan Kroger a 2019 sun roƙi abokan cinikinsu su daina shigowa da bindiga a fili, kamar yadda kamfanin kofi na Starbucks ya roƙa tun 2013.

Wanda doka ta ba dama kuma ya ga lallai sai ya ɗauka, ya karɓi lasisin jiharsa ko da ba dole ba ne, domin shi ke warware matsalar riga da ta mota a yawancin jihohi, da ta kewayen makaranta a cikin jiharsa, wasu jihohin kuma suna karɓar lasisin juna. Ya karanta rubutun dokar a shafin majalisar jihar ko na babban lauyanta kafin ya tsallaka iyaka, kada ya dogara da taswirorin intanet, don wasunsu sun tsufa. Ya kuma bincika ko jihar ta wajabta masa sanar da ɗan sanda cewa yana ɗauke da makami da zarar an tsayar da shi: a Mishigan wajibi ne ga mai lasisi nan take, a Ohio tun 2022 sai idan an tambaye shi. Ko a wace jiha ce, hannaye su tsaya a kan sitiyari har jami'in ya faɗi abin da za a yi.

Wassalam.

Naku,
Wani mai karatu