Masu Gini Su Zo Samaru Su Ɗaga Kai Su Duba

Edita,

Assalamu alaikum. Ka ba ni ɗan fili a wannan jarida tamu mai farin jini in faɗi abin da ya tsaya mini a rai.

Ni kafinta ne, na haura shekara 30 ina aikin rufi da tagogi tsakanin Samaru da Palladan. A watan Afrilun da ya wuce, rana ta take, na shiga Jami'ar Ahmadu Bello kai wa ɗana saƙo. Sai na fake a barandar wani tsohon gini, irin na wajajen 1962 da aka buɗe jami'ar. An ɗauke wuta, fanka a tsaye, amma iska na kaɗawa kamar a gindin tsamiya. Na ɗaga kai na duba da idon sana'a. Barandar tana da faɗin da rana ba ta taɓa bangon aji. Tagogin luba suna kallon juna, iska ta shiga nan ta fita can. Ga bulo mai huji-huji daga ƙasa har sama. Ba wani ado, siminti ne zalla, amma wanda ya zana shi ya san zafin Zazzau.

Ɗana, da yake zanen gine-gine yake karanta, ya ce ai Baba a nan Samaru ne a 1958, tun makarantar tana kwaleji, ɗaliban zanen hotuna irin su Uche Okeke, Demas Nwoko, Bruce Onobrakpeya da Yusuf Grillo suka kafa ƙungiya. Suka ce koyarwar Bature ba za ta ishe su ba sai an gauraya ta da ta gida. Shi Nwoko daga baya ya shiga harkar gini, har aka karrama shi a birnin Venice na ƙasar Italiya a 2023.

Da la'asar na koma bakin aiki. Sabon gida ne, an ɗora kwano sama kamar hula, ba inuwa ko taku ɗaya, tagogi ƙanana da baƙin gilashi. Na ce, "Alhaji, a bar wa iska hanya mana." Ya ce wannan tsohon yayi ne, na'urar sanyaya ɗaki zai saka. Wallahi na tausaya wa iyalin da za su kwana a ciki ranar da babu wuta.

Roƙona, Edita, ku turo mai ɗaukar hoto ya zagaya waɗannan tsofaffin gine-gine na jami'a ku buga. Malaman sashen zanen gini kuma, don Allah su ware rana guda su gayyaci magina da kafintocin gari, a bi da mu baranda-baranda ana yi mana bayani da Hausa. Ni zan zo da yaran shagona su huɗu.

Naku,
Wani kafinta, Samaru, Zariya.