Sanarwa: Zama Kan Lambobin Daskarewar Jini Mai Daɗewa

Assalamu alaikum, ƴan uwa abokan aiki. Barkanmu da ƙoƙari.

In sha Allahu za mu zauna ranar Asabar da ƙarfe 4 na yamma ta kiran bidiyo, saboda kuskuren da ke ta maimaituwa wajen sanya lambar ICD-10-CM (tsarin bai wa cututtuka lambobi) ga jinin da ya daskare a jijiyoyin ƙafa na can ciki.

Sabon daskarewa yana ƙarƙashin I82.4, wanda ya daɗe kuma I82.5. Sai dai yawan watanni ba shi ke mai da shi daɗaɗɗe ba, kalmar likita ce. Idan bai rubuta ba, a tambaye shi, kar a yi ƙiyasi. Lamba ta biyar (idan an ƙirga har da harafin I) ke nuna jijiyar, ta shida ɓangaren: I82.511 jijiyar cinya ta dama, I82.512 ta hagu, I82.513 duka biyun. Ta bayan gwiwa kuwa I82.53 ce. Don Allah a daina saurin faɗawa kan I82.519, wadda ba ta fayyace ƙafar ba, alhali hoton na'ura da bayanin likita sun ambaci ƙafar.

Inda aka fi tuntuɓe shi ne nan: gudan jinin ya narke, mara lafiya yana shan maganin tsinka jini don rigakafi kawai. Wannan tarihi ne, Z86.718, tare da Z79.01 na shan maganin. Sanya masa I82.5 ɗora wa mutum cutar da ba ya da ita ne.

Kowa ya turo misalai biyu daga aikinsa kafin daren Alhamis, a goge suna da lambar kati tukuna. Wanda uzuri zai hana ya sanar tun da wuri.

Allah ya bar zumunci. Naku, masu kula da rukuni.