Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa ga Alƙalin Alƙalan Indiya Kan Belin Waɗanda Ake Tuhuma da Kashe 'Yan Dalit

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa ta girmamawa, na rubuto ne kan yadda kotuna ke bayar da belin waɗanda ake tuhuma da kisa a shari'o'in da suka samo tushe daga tsarin fifikon asali, wanda ya ajiye 'yan Dalit a ƙasan kowa, duk da cewa sashe na 17 na kundin tsarin mulkinku ya haramta ƙyamatarsu tun 1950.

Ban zo neman a toshe ƙofar beli ba. Tun 1977 Mai Shari'a Krishna Iyer ya kafa ƙa'idar cewa beli shi ne asali, tsarewa kuwa sai da dalili, kuma kusan kashi uku cikin huɗu na mutanen da ke gidajen yarinku jiran shari'a suke yi, akasarinsu talakawa, har da 'yan Dalit masu yawa. Damuwata ita ce iyalin mamaci, waɗanda sau da yawa ba sa jin labarin belin sai sun ga mutumin da suka shaida a kansa ya dawo gari.

Ranka ya daɗe, a birni beli takarda ce da masu tsayawa, amma a ƙauye lamarin ya wuce haka. Matar da aka kashe wa miji tana ɗiban ruwa a famfo ɗaya da dangin wanda ake tuhuma, ta ƙofar gidansu take bi zuwa kasuwa, kuma wataƙila a gonarsu take ƙwadagon da take ciyar da marayunta. Idan ya dawo ya zauna a ƙofar gida, ba ya buƙatar ya furta komai, kallo kaɗai ya isa ya sa shaida ta manta abin da idonta ya gani. Abin da ya faru a Khairlanji ta jihar Maharashtra ranar 29 ga Satumba, 2006, bai kamata ya fita daga ran kowane alƙali ba: wata uwa 'yar Dalit da 'yarta sun ba da shaida kan mutanen da suka yi wa wani ɗan'uwansu duka, aka kama su, aka sake su bisa beli, kuma da yammacin ranar taron jama'a ya afka wa gidan, aka kashe uwar da 'ya'yanta uku, mace ɗaya da maza biyu.

Abin takaici shi ne doka ba ta gaza ba. Dokar hana cin zarafin al'ummomi irin su 'yan Dalit ta 1989 ta hana ba da beli kafin kamu, kuma lokacin da Kotun Ƙoli ta sassauta wannan a Maris ɗin 2018, zanga-zangar 2 ga Afrilu ta ci rayuka, majalisa ta maido da hanin, kotunku kuma ta amince da gyaran a 2020. Sashe na 15A na wannan doka, wanda ya fara aiki a 2016, ya wajabta a sanar da wanda aka zalunta ko iyalinsa duk wani zama na beli, a kuma saurare su. A Oktoban 2021, Masu Shari'a Chandrachud da Nagarathna sun soke belin da Babbar Kotun Rajasthan ta bayar a wata shari'ar kisa saboda ba a sanar da ɗan'uwan mamacin ba, suka kuma ƙi yarda da hujjar cewa sauraronsa daga baya ya wanke kuskuren. Sai dai iyalai nawa ne ke da halin ɗaukar lauya har zuwa Delhi domin ƙwato haƙƙin da ya kamata magatakardan kotun gunduma ya kai musu har gida?

Saboda haka ina roƙon ka yi amfani da matsayinka wajen ganin manyan kotunan jihohi sun kafa ƙa'ida guda: kada a sa ranar sauraron buƙatar beli a irin waɗannan shari'o'i sai an ga shaidar cewa sanarwa ta isa hannun iyalin, cikin harshen da suke ji, tare da lauyan gwamnati idan ba su da nasu. Alƙalin da ya ba da beli kuma ya rubuta dalla-dalla abin da ya tanada don tsaron shaidu, ko da hakan na nufin hana wanda ake tuhuma shiga gundumar har su gama ba da bahasi. Dokar ta so a kammala shari'a cikin wata biyu da shigar da tuhuma, alhali shari'ar ƙauyen Laxmanpur Bathe na jihar Bihar, inda aka kashe mutum 58 a 1997, ta kai 2013 kafin Babbar Kotun Patna ta sallami duka mutum 26 da aka samu da laifi, bisa dalilin cewa shaidun ba abin dogaro ba ne. Ya dace a riƙa tambayar kowace babbar kotu adadin belin da ta bayar ba tare da sanarwa ba, a kuma wallafa amsar duk shekara.

Naka cikin girmamawa,
Wani ɗalibin shari'a