Sanarwa: Karatun Wannan Wata

Assalamu alaikum ƴan uwa. Wannan wata tarihin intanet za mu karanta, kowa ya nemo littafin da ya samu. Ku kula da daren 29 ga Oktoba 1969, lokacin da aka tura saƙon farko ta ARPANET, wato hanyar sadarwar kwamfutoci da ta zama tushen intanet, daga jami'ar UCLA zuwa cibiyar bincike ta Stanford. Kalmar LOGIN, wato umarnin shiga kwamfuta, aka so rubutawa, amma ana buga L da O sai kwamfutar ta tsaya cak. Ma'aikatar tsaron Amurka ce ta ɗauki nauyin aikin, kuma ni dai a ganina masu kiran intanet dandalin dimokuraɗiyya suna yawan tsallake wannan gaɓar. Za mu tattauna a nan ranar Asabar bayan Isha'i. Don Allah banda tura talla.